Talabijin ɗin gem: wacce za ka saya da ba za ta riƙa mance saitinta ba

Ɗan yayata ya buɗe ɗan gidan gem a wajen Ƙofar Ƙaura a Katsina, da na'urorin wasa na PlayStation, PS4 guda uku da PS5 ɗaya. Ko sati bai cika ba ya kira ni. "Kawu, talabijin ɗin nan da na saya wa PS5 kamar mai iska ce. Na rage haske, na gyara kala, kafin a je hutun rabin lokaci ta koma yadda take, ciyawar filin kore shar har ido ya yi ciwo." Bayan La'asar na leƙa. Tambaya ɗaya na yi masa: ta cikin kwali aka ba ka, ko wadda ke rataye a bangon shago? Ya ce ta bango ce, don an yi masa ragi.

Maganar ke nan. Kusan kowace talabijin ta zamani tana da yanayi biyu da ake zaɓa ranar da aka fara kunna ta, na gida da na shago. A allo za ka ga an rubuta Home Mode da Store Mode, wasu kuma Retail ko Demo. An yi yanayin shago ne don duk wanda ya zo kallon kaya ya taɓa rimot ya ɓata hoto, bayan 'yan mintuna ta koma da kanta kan haske mai ɗaukar ido. Wato ba ta lalace ba, aikin da aka sa ta take yi. Muka mayar da ita yanayin gida, shi ke nan. Amma da na zauna ina kallon yaran suna buga ƙwallo, na ga sauran talabijin ɗin ukun ma kowacce da irin tata rigimar, kuma duk abubuwa ne da za a iya ganowa tun a shago, kafin kuɗi ya bar aljihu.

Abin da ya fi ruɗa mutane shi ne talabijin ba ta ajiye saiti a wuri guda. Tana yi ne kamar mai shagon unguwa da littafin bashi, kowa da shafinsa. Ƙofar HDMI, wato inda ake soka wayar dikoda ko na'urar gem, ta ɗaya tana da nata shafin, ta biyu da nata. A ƙofa ɗaya ɗin ma, hoto na yau da kullum, wanda ake kira SDR, yana da shafinsa, na HDR, wato hoto mai ƙarin haske da zurfin kala, yana da nasa, yanayin gem kuma da nasa daban. Sai ka zauna kana kallon labarai a dikoda ka gyara hoto yadda kake so, ka juya kan PS5, ka ga komai ya canza. Ba a goge maka komai ba, shafi kawai aka juya. Ko kuma ka gyara kana kan allon farko na na'urar, da ka shiga wasa sai HDR ya tashi, a buɗe wani shafin da ba ka taɓa rubutu a ciki ba. Maganinsa shi ne ka yi gyaran a daidai lokacin da wasan ke gudana, sau ɗaya a wasa mai HDR, sau ɗaya a wanda ba shi da shi.

A nan ne kamfanoni suka fara bambanta. LG tana da zaɓi mai suna Apply to All Inputs, Samsung kuma Apply Picture Settings, duka biyun suna kwafe gyaranka zuwa sauran ƙofofin. Ko da hakan, shafin HDR sai ka bi shi da kanka. A ƙananan talabijin masu arha sau da yawa babu wannan zaɓin, wasu ma da zarar an shiga yanayin gem sai su kulle rabin saitin, ka ga rubutun ya yi toka-toka ba ya taɓuwa. Ni a wurina wannan ya fi girman inci muhimmanci, amma ban taɓa jin mai saye ya tambaya ba.

Sai maganar na'urar da ke ba talabijin umarni a bayan idonka. Ƙa'idar HDMI 2.1 da aka fitar a 2017 ta zo da wani abu da ake kira ALLM: da na'urar gem ta tashi sai ta ce wa talabijin ta shiga yanayin gem, talabijin ta bi. Xbox ta daɗe da shi tun zamanin Xbox One, PS5 kuma da ta fito a Nuwamban 2020 ta same shi ne daga baya ta hanyar sabunta manhaja a 2022. Abu ne mai amfani, domin yanayin gem yana rage jinkirin da ke tsakanin danna fad da motsin ɗan wasa. A talabijin mai kyau jinkirin kan sauka ƙasa da milisakan 20, a wajen yanayin gem kuwa yana iya ninka haka sau da yawa, kuma duk wanda ya taɓa buga fanareti a EA Sports FC ko eFootball ya san wannan ba ƙaramin abu ba ne. Matsalar ita ce wanda ya fi son kalar yanayin sinima zai zaɓa, na'urar ta mayar da shi gem, ya sake zaɓa, ta sake mayarwa. Ana kashe ALLM daga cikin saitin PS5 ko Xbox, amma shawarata a bar shi a kunne, a gyara kalar yanayin gem ɗin kanta. Ɗan'uwansa shi ne CEC, wanda ke sa kunna na'ura ya tayar da talabijin ya kuma juya ta zuwa ƙofar da na'urar take. Kowane kamfani da sunan da ya raɗa masa: Anynet+ a Samsung, SimpLink a LG, Bravia Sync a Sony, a PS5 kuma HDMI Device Link. A gidan da dikoda da na'urar gem ke jone tare, shi ne ke sa su riƙa ƙwace allo daga juna.

To wacce za a saya?

In PS4 ce da kai, kada kowa ya ruɗe ka da HDMI 2.1. PS4 ta asali, ta 2013, ba ta wuce 1080p da hoto 60 a daƙiƙa ba. Sabuwar talabijin mai inci 32 ko 43 daga kamfani sananne, mai yanayin gem na gaskiya, ta wadatar. Ga masu gidan gem ma ita ce ta fi, don kuɗin babba ɗaya zai sayi ƙanana biyu. Abin lura ɗaya: PS4 ta samu HDR tun 2016, kuma talabijin masu matsakaicin kuɗi da yawa suna karɓar HDR amma fitilar bayansu ba ta da ƙarfin nuna shi. Sakamakon shi ne hoto ya dushe, mai shi ya rantse saitinsa ne ya goge. Ɗaya daga cikin ukun ɗan yayata haka take. Kashe HDR muka yi daga na'urar, hoton ya dawo garau. A PS5 akwai zaɓi uku, a kunne kullum, a kashe, ko sai wasan da ke da shi. Na ukun ya fi zaman lafiya.

Mai PS5 ko Xbox Series X da ke son ya ci moriyar kuɗinsa shi ne ke da doguwar magana. Yana bukatar allo mai 120Hz na gaskiya, wato mai iya nuna hoto 120 a daƙiƙa, da ƙofar HDMI 2.1. Na ce na gaskiya ne saboda kwalaye da yawa suna ɗauke da 120 ko 240 da manyan baƙaƙe, alhali lissafin talla ne na santsin motsi, allon kansa 60 ne. LG OLED (nau'in allon da kowane ɗigo ke ba da haskensa da kansa) na jerin C, tun daga C9 ta 2019, ƙofofinta huɗu duk na 2.1 ne, don haka duk inda ka soka waya daidai ne. Yawancin Sony, Hisense da TCL masu 120Hz kuwa ƙofa biyu ce kawai mai cikakken ƙarfi, kuma a wasunsu ɗaya daga ciki ita ce ta eARC da ake jona sifika. Wannan yana da alaƙa da maganarmu kai tsaye: yaro ya zare waya don ya jona wani abu, ya mayar da ita wata ƙofar, ka dawo ka tarar da hoto ya canza, 120 ta ɓace. Ɗan salatif a kan ƙofar da ta dace ya kashe wannan rigimar. Sannan a yawancinsu sai ka buɗe wa ƙofar cikakken ƙarfinta da hannu, Samsung na kiran abin Input Signal Plus, LG na cewa HDMI Deep Colour, Sony da Hisense kuma Enhanced Format. Shi ma kowace ƙofa da nata.

Sony tana da wata gata ga mai PS5, tunda gida ɗaya suka fito: wasu Bravia suna gane na'urar, su daidaita HDR da kansu, su shiga yanayin gem in ana wasa, su fita in an kunna fim. Wanda ba ya son taɓa komai zai ji daɗinta. Wanda ke son hoto ya tsaya inda ya ajiye shi kuwa, sai ya nemo inda ake kashe wannan wayon. Mai Xbox ya sani cewa na'urarsa tana fitar da wani nau'in HDR mai suna Dolby Vision, PS5 ba ta yi, kuma Samsung ba ta sa shi a talabijin ɗinta ko kaɗan, HDR10+ take bi. A LG ko Sony, Dolby Vision wani shafi ne na uku da zai nemi gyaransa daban.

OLED ta fi kowa kyan hoto, ba musu. Amma ba zan ba mai gidan gem shawarar ta ba. Allon ƙwallo yana da ɗan akwatin maki da agogo da ba sa motsi, kuma in hoto guda ya daɗe a wuri ɗaya yau da gobe, OLED tana iya riƙe inuwarsa. A ɗaki inda ake wasa awa biyu da dare babu damuwa. A shagon da ake bugawa daga hantsi har bayan Isha'i, LED, wato mai fitila a bayan allo, ta fi jure wahala, ga ta kuma ta fi haske a ɗakin da rana ke shigowa.

Na hannu fa? Nan ne ake tsintar dami a kala, nan ne kuma ake kuka. Wasu daga cikin waɗanda ake shigowa da su daga waje tsofaffin kayan otal ne, kuma talabijin ɗin otal tana da ɓoyayyen tsari da ke mayar da hoto, ƙarar murya da tasha zuwa abin da masu otal suka tsara duk lokacin da aka kunna ta. Rimot na gida ba ya kai wa ga wannan tsarin cikin sauƙi, sai mai gyara da ya san lambobin shiga. Alamarta ita ce ka gyara, ka kashe, ka kunna, komai ya koma, har ƙarar muryar ta tsaya a lamba ɗaya kullum. Ka kuma duba takardar da ke bayanta: wadda aka yi don Amurka tana iya zama ta wuta 120 kaɗai, tamu kuwa 230 ce. Tsohuwar talabijin kuma tana iya samun lalacewar ɗan guntun da ke riƙe saiti a jikin allon injinta, to wannan ita ce mantuwa ta gaske, sai an canza shi.

Waɗanda sunansu ya yi kama da na babban kamfani amma harafi ɗaya ya bambanta, ba zan ɓata lokaci a kansu ba. Wata ma an rubuta yanayin gem a jerin saitinta, in ka zaɓa kala kawai ke canzawa, jinkirin yana nan.

Akwai zaɓin da ake mantawa da shi: allon kwamfuta mai inci 24 ko 27. Ba shi da yanayin shago irin na talabijin, wayonsa kaɗan ne, inda ka ajiye shi nan zai zauna, jinkirinsa kaɗan, kuma ba ya cin wuta, wanda ke kan sola ko inbata ya san darajar wannan. Ɗalibi a ɗakin haya kusa da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'adua ba ya bukatar fiye da haka. Aibinsa sifika, wasu babu, masu ita ma ba ta da ƙarfi, kuma mutum biyar ba za su zauna a tabarma su kalla tare ba.

Wuta kuwa dole a yi maganarta, tunda a nan ba ka kashe talabijin, kashe maka ake yi. Wasu talabijin ba sa adana sabon gyara nan take, sai an kashe su da rimot. In ka gama gyara aka ɗauke wuta, aikin ya tafi. Saboda haka da ka gama saiti, kashe ta da rimot, ka ɗan jira, ka sake kunnawa. Sitabilaiza ba ado ba ce, musamman inda ake juyawa tsakanin wutar layi da janareta sau da yawa a rana. In kuma haske ne kawai ke hawa da sauka da kansa, nemi na'urar auna hasken ɗaki da tsarin tsimin wuta, galibi a ƙarƙashin Eco, ka kashe.

Duk wannan ana iya gwada shi cikin minti goma sha biyar, a Babbar Kasuwar Katsina kake ko ka yi tattaki zuwa titin Beirut a Kano. Ɗauki na'urarka da wayarta a jaka. Wayar da ta zo da PS5 a kwali ta 2.1 ce, kada ka musanya ta da ta bakin titi. Ka ce, "Alhaji, don Allah a ba ni soket in gwada." Shiga wasa, rage haske zuwa wata lamba da za ka iya tunawa, fita, sake shiga. Kashe da rimot ka kunna. Sannan ka zare filogi daga bango gaba ɗaya, ka ƙirga talatin, ka mayar. Ka bar ta tana aiki yayin da kuke ciniki, ka ga ko za ta koma da kanta. In lambarka tana nan bayan duk wannan, sai a yi maganar garanti, a rubuta shi a rasit. Ɗan yayata da zai ƙaro ta biyar haka ya yi, har mai shagon ya ce masa shi ma bai san talabijin ɗin tana da shafin HDR daban ba, ya karɓi fad suka buga wasa ɗaya kafin a ɗaure kwalin a bayan Keke Napep.