Burodin da ke kwana a firji: abin da na gani bayan na gasa shi sau biyar

Tun da muka dawo birnin Columbus na jihar Ohio a Amurka, babu abin da ke ba ni wahala ranar Sallah kamar abincin saukowa daga Idi. Kafin a idar, a gaisa, a fita daga cunkoson motoci a iso gida, sha ɗaya ta yi. Lokacin karin kumallo ya wuce, na rana bai yi ba, ga baƙi sun biyo mu da yunwa. Turawa suna da suna na musamman ga abincin wannan lokaci, brunch, kalmar da suka haɗa daga sunan abincin safe da na rana, wadda ta fara fitowa a wata mujallar Ingila a 1895. Mu dai cin hantsi muka sani.

Shekara da shekaru masa nake yi. Ƙullu ya kwana ya tashi, wannan ba matsala ba ce. Matsalar ita ce da safe. Daga cire mayafi sai bakin tanda, ina zuba ina juyawa, ina jiyo hira da dariya daga falo, kafin in gama wasu har sun fara neman takalmansu. Wata Sallar ban zauna da kowa ba sai wajen la'asar, kuma abin ya daɗe yana damuna.

Wata maƙwabciyata Ba'amurkiya ce ta kawo wani abu taron iyaye a makarantar yara, cikin faffaɗan kwanon gilashi, samansa ja yana ƙamshin kirfa. Na tambaye ta, ta ce French toast casserole ne, kuma tun daren jiya ta haɗa shi, da safe gashi kawai ta yi. Wannan magana ta "tun daren jiya" ita ta kama ni. Asalinsa abin da muka sani ne: burodi a tsoma a ruwan ƙwai da madara a soya a kasko. Faransawa na kiransa pain perdu, wato burodin da aka fitar da rai da shi, domin da burodin da ya kwana ya bushe ake yi don kada a zubar. Amurkawa sai suka ɗauke shi daga kasko suka mayar da shi kwano guda da ake turawa cikin obin, ya ciyar da mutum takwas ko goma a lokaci ɗaya.

Na sayi kwanon gilashi mai jure zafi, inci 9 a faɗi, 13 a tsawo, mai murfin roba. Ban yi da-na-sanin sayensa ba. Murfin ya hana warin firji shiga, kuma ya ba ni damar ɗora wani abu a kai, wanda duk matar da ta taɓa shirya firji a jajibirin Sallah ta san amfanin haka. Gilashin kuma yana nuna miki gefe da ƙasa, kina gani ko ya yi ja ko bai yi ba. Sai dai gilashi ba ya son a fitar da shi daga sanyi a jefa shi zafi kai tsaye, yana iya fashewa. Ina fito da shi ya sha iska minti 30 kafin in saka a obin, in kuma na sauke ba na ajiye shi a jiƙaƙƙen wuri. Murfin roban kuwa ba ya shiga wuta ko kaɗan.

Gwajina na farko bai yi ba, kuma burodin ne sila. Na ɗauki irin mai yanka-yanka na cikin leda, sabo, mai laushi kamar auduga. Da safe na buɗe na tarar ya narke cikin ruwan ƙwan. Na gasa duk da haka, gefe ya yi kyau, tsakiya kuwa kamar kunun da ya yi kauri. Na ƙara masa minti 20, sama ya fara ƙonewa, ciki na nan jiya i yau. A nan na gane cewa dukkan girkin nan a kan burodi ya tsaya. Sabon burodi cike yake da danshi, ba shi da gurbin shan wani ruwa, kuma idan siriri ne ba shi da ƙarfin da zai kwana a jiƙe bai ruguje ba. Busasshe kuwa yana tsotse ruwan har cikinsa ya kuma riƙe siffarsa, idan zafi ya kama ƙwan sai ya daskare a cikin ramukan burodin.

Na biyu na yi da challah, burodin Yahudawa mai kitso wanda ake kwaɓawa da ƙwai. Na yanka shi gutsi-gutsi kamar girman ƙwallon goro, na baza a faranti ya yini a buɗe. Bambancin kamar sama da ƙasa. Na uku na gwada brioche na Faransa, ya yi daɗi amma ya yi mini maiƙo, domin shi kansa cike yake da bota. Na huɗu baget, dogon burodin nan da duk wanda ya zauna a Yamai ko Maraɗi ya sani. Ɓawonsa ya ba da ƙaras-ƙaras mai daɗi, sai dai wasu gutsattsarin na sama sun yi tauri har yara suka ware su gefe. A wurina challah ne na ɗaya. Idan na makara ban shanya shi ba, ina saka shi a obin mai ɗan zafi na minti 10 ya bushe, ba ya yi ja ba.

Ga ma'aunin da na tsaya a kai. Burodi kimanin giram 450, ƙwai 8, madara mai maiƙo kofi 2, kirim rabin kofi, gishiri ɗan kaɗan, kirfa ƙaramin cokali ɗaya, da ɗan garin gyaɗar ƙamshi. A shafe kwano da bota, a zuba burodin, a kaɗa sauran sosai har farin ƙwan ya ɓace a kwarara a kai, a danna da tafin hannu don kowane gutsure ya taɓa ruwan. A rufe, ya kwana a firji. Awa takwas zuwa goma sha biyu ya isa. Aikin daren gaba ɗaya bai fi mini minti 20 ba.

Sukari ne inda na raba hanya da maƙwabciyata. Ma'aunin da ta rubuto mini kashi uku cikin huɗu na kofi ne a cikin ruwan ƙwan, ga wani rabin kofi a abin da ake barbaɗawa a saman burodin, sannan a tebur a sake kwarara masa ruwan zaƙi. Wannan ya wuce abin da bakina zai iya ɗauka da hantsi, balle ga manyan da ke fama da ciwon suga, waɗanda ba a rasa su cikin baƙin Sallah. Na mayar da na cikin ƙwan cokali uku manya kawai, kuma babu wanda ya ce ya ji wani abu ya ragu.

Akwai kuma batun banila, kayan ƙamshin nan da ake sakawa a kek, wanda na so a ce wani ya faɗa mini tun farko. A Amurka, dokar abinci ta ce duk ruwan banilar da za a kira na asali sai ya ƙunshi aƙalla kashi 35 cikin ɗari na alkohol. Malamai sun yi magana a kan ɗan abin da ke shiga girki, kowa da fahimtar da yake bi, ni dai hankalina ya fi kwanciya da na gari ko na ruwa wanda aka rubuta babu alkohol a jikinsa, ana samunsu a shagunan halal. Sau ɗaya ma na bar banilar gaba ɗaya na saka garin citta da kanumfari kaɗan, ƙamshin ya koma irin na shayinmu, kuma shi maigida ya fi so.

Abin barbaɗawa na sama shi ne rabin daɗin. Fulawa rabin kofi, jan sukari kashi ɗaya cikin uku na kofi, kirfa, gishiri, da bota mai sanyi kimanin giram 100, a murje da yatsu har ya zama kamar tsakin masara. A ajiye shi daban a firji, sai za a gasa a barbaɗa. Idan ya kwana a kan burodin jiƙewa yake yi, ƙaras-ƙaras ɗin ya tafi. Wuta kuwa digiri 350 a ma'aunin Amurka, wato kusan 175 a namu. Minti 45 yana ba da ciki mai laushi, awa guda yana ba da wanda ake yankawa ya tsaya da kansa. Ni minti 55 nake yi. Ma'aikatar noma ta Amurka ta ce abincin ƙwai sai cikinsa ya kai digiri 160 nasu, kusan 71 a namu. In babu ma'aunin zafi, a soka wuƙa a tsakiya, kada ta fito da ruwa.

Gashi na biyar shi ne na Ƙaramar Sallar da ta wuce. Muna shigowa na kunna obin, na fito da kwano, kafin in canja kaya in haɗa shayi ya huce daga sanyin firji, na tura shi ciki na dawo falo na zauna. Na zauna da gaske, da kofin shayina a hannu, na ji labarin kowa. Ƙamshin kirfa ne ya riƙa leƙo mu daga kicin.

Surukata, wadda ta zo mana azumi daga gida, ta ci gutsure biyu ta ajiye cokali.

"Sannu da aiki, 'yar nan. Ya yi daɗi, amma wannan ai kayan zaƙi ne. Ina abin da za a ci a ƙoshi?"

"Yana nan tafe, Hajiya. Akwai farfesun kaza."

Gaskiya ta faɗa, kuma wannan ne babban aibin girkin a teburinmu. Ba ya tsayawa shi kaɗai. Amurkawa ma da nama da 'ya'yan itace suke haɗa shi. Bakin da ya saba da ƙosai da masa da yaji yana neman abu mai gishiri a gefe. Farfesun shi ma tun dare na dafa shi, ɗumamawa kawai na yi, don haka bai mayar da ni kicin ba.

A kan burodin kuwa, a nan Amurka ruwan zaƙin bishiyar maple ake zubawa, wanda mafi yawansa daga lardin Kebek na Kanada yake fitowa. Yana da tsada saboda sai an dafe kusan lita 40 na ruwan bishiyar kafin a samu lita ɗaya. Yana da daɗi, amma zuma mai kyau ba ta gaza shi ba, ni ita ma na fi ajiyewa.

Ƙanwata da ke Zariya ta ce za ta gwada, na ce mata abu ɗaya: kada ta yi sai ta tabbata firjinta zai kwana da sanyi. Ɗanyen ƙwai da madara ne, ba a barinsu a waje fiye da awa biyu, a zafin bazara ma awa ɗaya. In wuta ba ta da tabbas, gara ta shanya burodin da dare, ta haɗa da asuba, ya jiƙa minti 30 ta gasa. Zai ɗan gaza wanda ya kwana laushi, amma zai yi. Burodin gida mai nauyi wanda ba a yanka ba zai fi mata, a lokacin hunturu ma iska kaɗai za ta busar mata da shi.

Abin da ya rage yana kwana uku a firji lafiya, a ɗumama a obin don saman ya dawo da ƙarfinsa. Ba girkin kullum ba ne, ƙwai takwas da bota da kirim ba na kowace safiya ba ne. Amma na riga na sayi kwano na biyu saboda Babbar Sallah. Ɗaya zan yi shi yadda na saba, ɗayan zan cire sukarin cikinsa gaba ɗaya in yanka dabino a madadinsa, saboda Hajiya da sauran manya.