Na je neman W-2 ta soja ba tare da myPay ba: abin da na gani a ofishin harajin unguwarmu

Wannan sharhin na ofishin cike takardun harajin nan ne na unguwarmu a Bronx da ke birnin New York, wanda kusan duk ɗan'uwanmu direban tasi ko mai aikin gadi yake kai takardunsa daga Fabrairu zuwa Afrilu. Ba sai na kama suna ba, waɗanda suka sani sun sani, kuɗin da ake karɓa a can ma ba baƙon kowa ba ne. Matsalar da na je musu da ita ba irin wadda suka saba gani ba ce. Na bar aikin sojan ƙasa na Amurka a shekarar da ta wuce, lokacin haraji ya zo ba ni da W-2 a hannu, wato takardar da wurin aiki ke bayarwa mai nuna albashin shekara da harajin da aka cire, ba ni kuma da hanyar shiga myPay, shafin intanet na albashin soja, in ciro ta.

Wanda bai taɓa sa kaki ba zai ce to me ya yi zafi, a je ofis a karɓo mana. A soja ba haka abin yake ba. Hukumar DFAS ce ke biyan albashin sojan ƙasa da na ruwa da na sama, kuma komai a myPay ake zuba shi: takardar albashi ta wata-wata da muke kira LES, da W-2 da ke fitowa a Janairu. Muddin kana cikin aiki, da katin shaidarka na soja kake shiga. Ranar sallama ka miƙa katin, imel ɗinka na soja ya rufe, abin da ya rage sai kalmar sirri da lambar da ake turo wa wayarka. Ni kuwa ana sallama ta na kai kayana Bronx, na wuce Kano jinyar mahaifina, na yi watanni a can, layin wayata na nan ya mutu. Da na dawo, lambar shiga tana tafiya layin da babu shi, adireshin da ke cikin fayil ɗina kuma na gidan da na bari ne kusa da barikin soja na Fort Drum.

Mai ofishin, Alhaji, ya tarbe ni da fara'a, wannan ba zan hana shi ba. Ya ce, “Soja, kwantar da hankalinka, wannan ai ƙaramin abu ne. Kana da takardar albashi?” Na miƙa masa LES ta ƙarshe da na buga kafin in fita. Ya ciro fom 4852, wanda hukumar haraji ta IRS ta tanada don wanda W-2 ɗinsa ta ƙi samuwa, inda mutum ke ƙiyasta albashinsa da harajin da aka cire masa. Fom ne na halal, babu laifi a cikinsa. Laifin yana wurin lissafin. Alhaji ya duba jimlar duk abin da ke shigo mini a wata, ya ninka da watannin da na yi aiki a shekarar, ya zuba a matsayin albashin da za a ɗora wa haraji. Kwamfuta ta nuna gwamnati na bi na bashi mai nauyi. Ni da na dawo daga jinya aljihu a bushe, ban fara sabon aiki ba, wallahi sai da na ji ƙafafuna sun yi sanyi. Ya turo mini takardar ya ce in sa hannu, in ya so daga baya a nemi a riƙa biya kaɗan-kaɗan.

Akwai wata baiwar Allah da ke zaune a teburin ciki, ita ke shigar da bayanai. Ta girme ni nesa ba kusa ba, Yaya nake ce mata. Tana jin an ambaci soja ta taso, ta ce, “Ƙanena, dakata tukuna, kada ka sa hannu. Mu ga takardar.” Ashe ƙaninta ya yi sojan ruwa, ita ta riƙa cike masa takardunsa duk shekarun da ya yi. Ta ɗora yatsa a kan layi biyu, alawus ɗin gida da ake kira BAH da alawus ɗin abinci da ake kira BAS, ta ce waɗannan ba a ɗora musu harajin tarayya, ba sa shiga akwati na 1 na W-2 ko kaɗan. Duk wanda ya zauna a wajen bariki ya san alawus ɗin gida kaɗai babban kaso ne na abin da ke shigowa, to ka ga irin kuɗin da aka kusa ɗora mini haraji a kansu ba gaira ba dalili. Sannan ta nuna wa Alhaji cewa a jikin LES ɗin kanta akwai sashen harajin tarayya da ke ɗauke da jimlar albashin da ake wa haraji tun farkon shekara da jimlar abin da aka riga aka cire. Lambobin suna nan a rubuce, ba a buƙatar ninka komai.

Abin da ya fi burge ni shi ne ta ƙi yarda a yi amfani da 4852 ɗin ma. Ta ce wannan sai an rasa yadda za a yi, IRS da kanta cewa take a fara neman takardar daga wurin aiki, a jira har ƙarshen Fabrairu. In aka cike da ƙiyasi sannan W-2 ta gaskiya ta zo da lamba daban, dole a sake cike wani fom, 1040-X, a gyara, a zauna jiran watanni. Ta buɗe askDFAS, shafin neman taimako na hukumar DFAS, a kwamfutarta, wanda ba ya neman kalmar sirri ko kati. Akwai wurin neman a sake turo takardar haraji ta gidan waya. Muka sa sunana, lambar Social Security, shekarar da nake nema, da adireshin da nake yanzu. Ko minti goma ba mu yi ba, kuma ko sisi ba a biya. Ta ƙara da cewa wanda ya bar aiki yana da wata 13 da zai ci gaba da shiga myPay, don haka asusuna bai mutu ba, in kira layin DFAS su taimaka mini in sabunta hanyar shiga. Tsofaffin da suka yi ritaya kuma, ta ce, tasu takardar 1099-R ce, ita ma ana iya nema ta wannan shafin.

Sai ta yi mini tambayar da ba zan manta ba: “Da za ka taso daga Fort Drum, kai ka kwaso kayanka da kanka ko su suka kwaso maka?” Na ce ni na ɗauki hayar mota na kwaso, suka biya ni. Ta ce to akwai W-2 ta biyu da ke fitowa daban saboda wannan kuɗin kwasar kayan, a nema tare. Da ba ta faɗa ba, da na cike da takarda ɗaya, bayan watanni wasiƙar IRS ta same ni cewa na ɓoye wani kuɗi. Ta kuma shirya mini hanyar ko-ta-kwana: fom 4506-T, wanda ake neman IRS ta turo kwafin abin da wurin aiki ya kai mata rahoto, har na shekara 10 baya. Amma ta gargaɗe ni cewa wannan kwafin ba ya ɗauke da harajin jiha, ni kuwa ina da takardar jihar New York da zan cike. In kuma 15 ga Afrilu ta matso takarda ba ta iso ba, akwai fom 4868 da ke ɗaga ranar miƙawa zuwa 15 ga Oktoba, sai dai ba ya ɗaga ranar biya ga wanda ake bi.

Takardun biyu suka iso akwatina tun Maris bai yi nisa ba. Da aka shigar da lambobin gaskiya, bashin nan ya ɓace, gwamnati ce ma za ta maido mini da ragowar abin da ta cire. Na fita daga ofishin ina sa musu albarka, na kira abokai biyu da muka yi aiki tare na ce su zo nan. Da a ranar na rubuta wannan sharhin, da tauraro biyar zan ba su ba tare da na yi tunani ba.

Da na zauna a gida na karanta rasiɗin ne raina ya ɓaci. Ban da kuɗin cike takarda da kowa ya sani, akwai wani layi daban da aka rubuta kuɗin binciken W-2. Wane bincike? Shafin kyauta ne, Yaya ce ta buɗe shi a gabana, ni na karanto mata bayanaina da bakina. Na koma na tambayi Alhaji cikin ladabi, don sa'an babana ne. Ya ce, “Ɗana, lokacin ma'aikata ai kuɗi ne.” Na ce to lokacin da aka ɓata ana lissafin da ya kusa jefa ni bashi fa, shi wa zai biya? Ya yi dariya ya ce Allah ya riga ya kiyaye. Allah ya kiyaye, gaskiya ne, amma ta hannun matar da yake biya albashi, ba ta hannunsa ba.

Kuma tun da na fara tunawa, sauran abubuwan suka dawo. A ranar farko, bayan Yaya ta gyara lissafin, ina ji ya ja ta gefe yana yi mata faɗa, muryarsa ba a ƙasa ba, wai ta kunyata shi a gaban mai kawo aiki, kuma layi ya yi tsawo tana ɓata lokaci a kan mutum ɗaya. A lokacin farin ciki ya rufe mini ido ban ba abin muhimmanci ba. Yanzu shi ya fi ci mini rai fiye da kuɗin. Mace ta ceci mutuncin ofishinka, ta hana ka tura wa gwamnati lissafin banza da sunan wani, sakamakonta tsawa a gaban jama'a? Ita kuwa ko ɗaga kai ba ta yi ba, ta koma kujerarta ta ci gaba da aiki.

Ga kuma maganar MilTax. Daga baya wani abokina ya gaya mini cewa Military OneSource, shirin gwamnati na tallafa wa sojoji, na ba su manhajar cike haraji kyauta da masu ba da shawara ta waya, shi ake kira MilTax, kuma wanda aka sallama yana da kwana 365 yana cin moriyarta. Ina cikin wannan wa'adin. Ba na cewa dole ne ɗan kasuwa ya kori ciniki daga shagonsa, amma mutumin da ke kiran ka ɗansa, ya ga halin da ka dawo daga gida, ya san kana da hanyar da ba za ka kashe ko kwabo ba, ya yi shiru, wannan ba zumunci ba ne. Ko shirin VITA na IRS, da ke cike wa masu ƙaramin ƙarfi kyauta, bai ambata ba. Da na duba kwafin takardata kuma, wurin da mai cikewa zai sa hannu ya rubuta lambarsa ta PTIN, wato lambar shaidar mai cike wa mutane haraji, babu komai a cikinsa. Doka ta wajabta wa duk wanda ya karɓi kuɗi ya cike maka haraji ya sa wannan lambar. Sai da na tsaya kai da fata kafin aka gyara.

Don haka tauraro biyu zan ba ofishin, kuma duka biyun na Yaya ne. Na sake kiran abokan nan nawa na ce kada su taka can sai W-2 ɗinsu tana hannu, su nemo ta da kansu ta askDFAS, in sun je kuma su nemi teburin ciki, su karanta rasiɗi kafin su biya. Ga direban tasi mai takardun da Alhaji ya saba da su, wataƙila aikinsa ba laifi, ban sani ba, ba nawa ba ne. Takardar soja dai bai iya karanta ta ba, kuma bai yarda bai iya ba.

Wani ya ba ni shawarar in cike fom 14157 in kai ƙararsa IRS. Na ciro fom ɗin, yana nan a kan tebur, amma ban tura ba, domin sahu ɗaya muke sallar Juma'a da shi, kuma ina tsoron abin ya shafi aikin Yaya. Na kai maganar wurin wani dattijo da yake jin nauyinsa, ya ce zai same shi. Kuɗin binciken dai har yau ba a maido mini ba.