Fulawoyin da sanyin Ingila ya cinye mini

Yaya, kin tambayi fulawoyin nan jajaye da na turo miki hotonsu a watan Yuli. Sai haƙuri, babu ko ɗaya. Dare guda a watan Nuwamba raɓa ta daskare, da safe na fito na tarar ganyen ya yi baƙi, ya langaɓe kamar alayyahon da aka zuba wa tafasasshen ruwa.

Laifina ne kuwa. A nan kowace tukunya tana zuwa da ɗan kati a soke cikin ƙasarta, an rubuta ko shukar tana jure sanyi, da tsayin da za ta kai, da ko tana son rana ko inuwa. Wasu har da lamba, daga H1 zuwa H7, mai 7 ita ce ba ta jin komai. Ni ko kallon katin ban yi ba, launi kawai na bi. Da na koma shagon, sai yarinyar ta nuna mini cewa garantinsu na masu jure sanyi ne kaɗai. Nawa jiraniyom ne, asalinsu Afirka ta Kudu, baƙi ne irina. A can shekara da shekaru suke yi, a nan sai an shigo da su ɗaki an ajiye bakin taga kafin ƙarshen Oktoba, ba a mayar da su waje sai ƙarshen Mayu.

Wata tsohuwa maƙwabciyata ita wata fulawa da ake kira daliya take shukawa. Da sanyi ya ƙona ganyen sai ta haƙo saiwar, kin rantse dankalin Hausa ne, ta kakkaɓe, ta shanya, ta jera a kwali cikin gareji sai bazara. Yawancin mutane ba sa wannan wahalar. Zubarwa suke yi su sayo sababbi duk shekara, masu shago kuma haka suke so.

Sai na tuna masu fulawar bakin titi a Kaduna. A baƙar leda za a miƙo miki, ba suna ba kati, ku yi ciniki, ya ce Hajiya ki dai ba ta ruwa. Amma fulawa mai ƙayar nan ta katangar Baba tun muna firamare take, hunturu bai taɓa yi mata komai ba, akuya da gara ne kawai abin tsoro.

Bana na tsira da reshe uku a kofin roba, biyu sun yi saiwa. Ki gaida Inna, ki ce safar da ta ba ni tana aiki.