Gargaɗi ga masu mota a Sakkwato: a yi hattara da 'yan canjin kan shaf

Jama'a, duk mai motar da ke ja da tayoyin gaba a garin nan, Corolla ce, Camry ce, Honda ce, Golf ce ko 406, ya kasa kunne. Akwai wata damfara da ke gudana tsakanin wasu ɓata-garin makanikai da wasu masu sayar da kayan gyara, kuma a kan abu guda take tafiya, wato kan shaf na waje, wanda ke shiga cibiyar tayar gaba (shaf shi ne sandar da ke kai ƙarfin inji zuwa taya). Ba zan kama sunan gareji ko shago ba, domin abin ba a wuri ɗaya yake ba, kuma masu neman halaliyarsu a sana'ar sun fi yawa nesa ba kusa ba. Salon aikin nasu zan faɗa, duk wanda aka zo masa da shi ya gane tun daga sallama.

Za ka shiga gareji da 'yar ƙaramar matsala, canjin birki ko wata ƙara da kake ji a gaba. Yaro zai ɗaga motar da jak ya jijjiga taya, sai ogan ya leƙa ƙasa, ya ɗago yana girgiza kai. "Alhaji, wanga shaf ya gama aiki. In ka hau hanyar Gusau da shi, ni dai na hwaɗa maka gaskiya." Kafin ka yi magana ya ƙara da cewa ba a canza ɗaya a bar ɗaya, tunda tare anka sa su tare za su mutu. Kuma ka taki sa'a, akwai wani abokinsa da aka sauke wa kayan Beljiyam jiya jiya. Daga nan sai a nemi ka bar wurin: rana ta yi zafi, ka tahi gida ka huta, bayan la'asar ka zo ka ɗauki motarka. Da ka dawo za ka tarar da shaf baƙi wuluk yana ƙyalli, ga sabuwar roba, ƙara kuma ta ɗauke ɗif. Ka tambayi tsofaffin da aka cire, a ce ai 'yan jari-bola sun wuce da su ɗazun nan.

Abin da ya faru bayan ka juya baya kuwa, mafi sauƙinsa shi ne ba a canza komai ba. An yanke tsohuwar roba, an danƙara giris mai kauri, an sa sabuwar roba, an fesa baƙin fenti, kai kuma ka biya kuɗin shaf biyu. Masu wayo a cikinsu sukan ɗauke kan dama su mai da shi hagu, na hagu ya koma dama. Da yake ƙarfin inji a gefe ɗaya na cikin kan ya daɗe yana ci, idan aka juya shi sai ya koma cin gefen da bai lalace ba, ƙarar ta lafa na wani lokaci. Wadda ta fi muni, kuma ita ce ta sa na yi wannan rubutu, ita ce ta musanya. Ɓangarenka mai lafiya, wanda ya zo da motar tun daga kamfani, shi ake cirewa a ajiye. A maye maka gurbinsa da mataccen da aka ciro daga motar wani, an wanke shi da fetur an yi masa kwalliya. Naka mai kyau gobe za a sayar wa wani bawan Allah a matsayin Beljiyam, shi ma a karɓe nasa. Kaya ɗaya ke zagayawa a gari, kuɗi kuma suna shiga aljihu a kowane zango.

Abin yana yi musu sauƙi ne saboda yawancinmu ba mu taɓa ganin cikin kan shaf ba. Iyayenmu da suka tuƙa 504, wadda aka riƙa haɗawa a Kaduna, da tayoyin baya take ja, babu ruwansu da wannan magana a gaba. Galibin motocin yanzu kuwa tayar gaba ce ke ja, ita ce kuma ke juyawa da sitiyari, don haka dole a sami gaɓar da za ta riƙa miƙa ƙarfi ko da a lanƙwashe take. A yawancin ƙananan motoci cikin kan na waje ƙwallayen ƙarfe ne guda 6, suna zaune cikin wani keji, kowanne da hanyarsa da aka sassaƙa masa a jikin ƙoƙon waje da kuma curin tsakiya. Irin ginin da wani injiniyan kamfanin Ford, Alfred Rzeppa, ya fito da shi ke nan a shekarun 1920, har yau bai canza sosai ba. Duk wannan yana cikin baƙin giris na musamman, roba mai lanƙwasa-lanƙwasa ta rufe shi, an ɗaure bakunanta biyu da zoben ƙarfe.

Ran kan shaf yana hannun wannan robar. Matuƙar ba ta yage ba, yakan daɗe ƙwarai. To mu a nan, zafin bazara da ke haura digiri 40 yana busar da roba har ta tsattsage, hunturu ya zo da ƙura, damina kuma ka bi ta Mabera cikin ruwa da taɓo. Da ta yage, giris zai riƙa fantsamowa waje, yashi yana shiga. Yashi da giris in sun haɗu sai su koma kamar tokar da ake goge tukunya da ita, su yi ta cin ƙarfen. Hanyoyin ƙwallayen su yi rami, idan ka karya kwana ƙwallo ya faɗa ramin ya fito, ita ce ƙarar da kake ji. Giris mai kauri yana iya toshe ramin ya kashe sautin na 'yan makonni, amma ba ya mayar da ƙarfen da ya cinye. Shirun da ka ji ranar da ka karɓi mota ba shaida ba ce ta komai, kuma a kan wannan shirun suke cin kasuwarsu.

Gane lalacewar kan shaf na waje bai buƙaci na'ura ba. Ka sami fili wanda babu jama'a, ka kashe rediyo, ka sauke gilasai. Juya sitiyari har ƙarshe, ka taka mai a hankali kana zagayawa, sannan ka juya ɗaya ɓangaren, ka kuma gwada da baya. Idan ya ci, za ka ji ƙas-ƙas-ƙas a jere, tana ƙara sauri yadda tayar ke ƙara sauri, ta ɗauke idan ka miƙe hanya. Ka sa wani ya tsaya a waje ya faɗa maka daga wace taya take fitowa. Sannan ka tsaya, sitiyari na juye, ka tsuguna ka leƙa bayan tayar da fitilar waya. Robar da ta yage ba ta ɓuya, za ka ga baƙin giris ya yi fatsi-fatsi a cikin rim da jikin shokozoba.

Ƙarar da ba ta yi kama da wannan ba, wani abu ne daban. Gurnanin da ke ƙaruwa idan ka sake mota a hanyar Bodinga, galibi boris ne. Gwaf-gwaf a kan gargada ko in ka faɗa rami, a duba boljoyin da tayirod da robobin ƙasa. Idan mota na karkarwa lokacin da ka taka mai a miƙaƙƙiyar hanya, ka ɗaga ƙafa ta daina, kan ciki ne na wajen giyabos ake zargi, shi ma wani gini ne daban. Makanikin da ya yanke maka hukunci a kan shaf bai zaga da motar ba, bai nuna maka yagaggiyar roba ba, ka ɗauki makullinka. Maganar cewa dole a canza biyu tare kuwa ba ta da tushe. Kowane ɓangare da robarsa, wadda ta yage ita ke kashe nata. Idan ma an ga yagewar da wuri, ƙara ba ta fara ba, wanke kan za a yi, a sa sabon giris da sabuwar roba, shi ke nan.

Na ga aikinsu da idona a motar ƙanen mahaifina, Camry ce. An canza masa duka biyun bayan ɗaya ne kawai ke ƙara, ba a jima ba ɗayan ɓangaren da bai taɓa yin ko tari ba ya fara. Muka kai ta wurin wani dattijon makanike, ya ciro shaf ɗin ya ɗora a kan buhu. Abin da ya fara yi shi ne ya kankare fentin da farce, ga tsatsa a ƙasa. Robar kuwa da wayar ƙarfe aka ɗaure ta, irin ta 'yan gini. Ya kwance, ya lakato giris da yatsa ya nuna mana: a sama ruwan ɗorawa ne, irin wanda ake sa wa boris, can ƙasa kuma tsohon baƙi ne mai tsakuwa-tsakuwa in ka murza. Ya sa yaro ya wanke kan da fetur cikin kwano, ya karkata kejin ya fiddo ƙwallayen ɗaya bayan ɗaya, sannan ya kama yatsan Baffa ya bi da shi cikin ƙoƙon.

"Alhaji, ka ji gurbi?"

"Na ji. Har da kaifi."

"To wanga ba naka ba ne. Naka na kamfani, diba ɗayan sandar, akwai takarda mai lamba. Wanga ko an goge wurin. Motar da anka ciro shi ta sha wuya."

Baffa ya yi shiru, ya ce Allah ya isa, ya ƙara da cewa shi da hannunsa ya ba yaron garejin kuɗin ruwan sanyi a ranar.

Idan har naka ya ci da gaske, canzawa ce magani, kuma aiki ne da makanike mai kayan aiki zai gama kana zaune a benci. Kada ka bar wurin. Tun kafin a ɗaga motar ka ɗauki hoton shaf ɗin biyu da wayarka, in da hali ka sa musu alama da ɗan fenti ko ka karce sandar da ƙusa. Ka je sayen kayan da kanka, tsohon yana hannunka, domin haƙoran da ke shiga cibiyar taya da waɗanda ke kama sandar sun bambanta daga mota zuwa mota, har tsakanin motoci masu suna ɗaya. A ƙirga su a gabanka. Idan motarka na da zoben ABS (na'urar da ke hana taya kullewa in ka taka birki) mai haƙora a jikin kan, shi ma a ƙirga, in ba haka ba fitilar ABS za ta kama ta ƙi mutuwa.

Beljiyam na gaskiya ba ya zuwa da kwalliya. Robarsa ta asali ce, zoben da ya ɗaure ta na kamfani ne, jikinsa da dattin hanya. Wanda ka gani da ɗanyen fenti yana warin fetur, a gari aka yi masa wanka. Ka riƙe sandar da hannu ɗaya, ka murɗa kan dama da hagu da ɗayan: bai kamata ka ji wasa ko ƙwal ba. Ka lanƙwasa shi ta kowane gefe, ya tafi sumul ba ya sarƙewa. Ka ce a kwance zoben ka ga giris ɗin ciki. Mai shagon da ya ce in an buɗe ka saya, ka bar masa kayansa. Sabon na kwali ma akwai mai kyau akwai na jeka-ka-dawo, amma aƙalla ya kamata ka ga roba, zobba biyu, ƙullin baƙin giris da sabon noti a ciki. Ka karɓi rasit mai sunan shago da kwanan wata, a rubuta kwanakin da za a iya dawo da shi.

Wurin ɗaurawa ma sai ka sa ido. Giris ɗin da ya zo da kayan shi za a juye duka, ba na gwangwanin gareji ba. A tabbata ɗan zoben da ke riƙe kan a bakin sandar ya shiga gurbinsa. Babban notin cibiyar taya yana son ɗauri mai ƙarfi, a Corolla ya haura Nm 200 a ma'aunin ƙarfin ɗauri, kuma bayan ɗauri a danne bakinsa cikin tsagar ko a sa masa fil, gwargwadon ginin motar. Noti sako-sako boris yake kashewa. Tsohon kan kuwa naka ne, da kuɗinka ka sayi motar da shi. A sa maka shi a leda ka jefa a but, ko da zubarwa za ka yi.

Wanda aka riga aka yi wa, kada ya tsaya cacar baki a bakin gareji. Ya sami wani makanike ya buɗe kayan a gaban shaidu, a ɗauki hoto, ya kai wa shugabannin garejin ko ƙungiyar makanikai ta NATA, domin su ma ba sa son masu ɓata musu suna, kuma sun san kowa. Idan abin ya ƙi, hukumar kare haƙƙin masu saye ta tarayya, FCCPC, tana karɓar koke ta intanet, a nan ne rasit zai yi amfani.

Duk wanda aka canza wa shaf kwanan nan ba ya wurin, kuma ba a ba shi tsohon ba, ya je ya yi gwajin zagayen nan kafin ya ɗebi iyali zuwa Illela ko Tambuwal. Kan da aka rufe wa baki da giris yana iya fashewa a kan hanya. Idan ya fashe, inji zai yi ta kuka mota ba ta tafiya, sandar kuma tana iya dukan abin da ke kusa da ita, har da bututun man birki. Wanda hakan ta same shi ya gangara gefen titi ya kashe inji, ya ja birkin hannu sosai ya sa dutse a taya, domin da karyayyen shaf, sa giya ko P ba zai hana motar gangarawa ba.