Kunshin faifan Herzog: Bruno S. ne ya biya ni kuɗina

Sunan daraktan fina-finai ɗan Jamus Werner Herzog ne da manyan baƙaƙe a jikin kwalin wannan kunshin faifan DVD da na saya, amma wanda ya riƙe fina-finai biyu mafi ƙarfi a ciki shi ne Bruno Schleinstein, wanda ake rubuta sunansa Bruno S. Su ne fim ɗin Kaspar Hauser na 1974 da Stroszek na 1977.

Bruno bai taɓa shiga makarantar koyon wasa ba. An haife shi a Berlin a 1932, yana ɗan shekara 3 aka raba shi da gida, ya shafe sama da shekara 20 ana yawo da shi daga gidan marayu zuwa gidan horo zuwa asibitin masu taɓin hankali, ciki har da zamanin 'yan Nazi. Da ya samu kansa sai ya kama tuƙin motar ɗaga kaya a masana'anta, ranar hutu kuma ya rataya akodiyan, wani kayan kiɗa da ake ja ana matsewa da hannu biyu, ya shiga tsakar gidajen haya yana waƙa. A wani fim na 1970 da aka yi a kan rayuwarsa Herzog ya fara ganinsa.

Hoton faifan ya fito tas, kuma wannan mutum yana buƙatar haka, don wasansa a ido da yatsu yake. Dubi inda aka ajiye Kaspar, saurayin da ya girma a kulle shi kaɗai wanda Bruno ya fito a matsayinsa, a dandalin garin Nuremberg, ya miƙa hannu riƙe da wasiƙa, ya sandare, idanu a buɗe, ba ya ko kallon masu leƙensa. Magana kuwa ɗaya bayan ɗaya yake fito da ita, kamar mai jawo guga daga rijiya mai zurfi. Sautin ma bai ci amanarsa ba. Fim ɗin ya ci babbar kyautar alƙalai a bikin fina-finai na Cannes na 1975.

Stroszek ya fi taɓa ni. Ɗakin da aka nuna a Berlin nasa ne na gaske, kayan kiɗan ma nasa ne. A fim ɗin, ya bi mafarkin arziki har Wisconsin ta Amurka, bashin banki ya ci gidansa na tirela, aka yi gwanjonsa, mota ta ja shi ta tafi. Bruno yana tsaye ya ba mu baya, yana kallon filin da babu komai. Wallahi sai da na tsayar da faifan na ɗan nisa.

Inda kunshin ya gaza shi ne wajen ba shi haƙƙinsa. Sharhin murya duk na Herzog ne, ɗan littafin ciki kuma 'yan layuka kawai ya ba Bruno. Mai saye ya cancanci a gaya masa dalla-dalla cewa an yi wa Bruno alkawarin fitowa a wani fim ɗin Herzog mai suna Woyzeck, aka ba ɗan wasa Klaus Kinski gurbin, sannan Herzog ya rubuta masa Stroszek cikin 'yan kwanaki don ya share masa hawaye. Bayan nan Bruno ya koma kiɗansa da zane har ya rasu a 2010.

Rubutun fassara na Ingilishi ne kaɗai, fari ne ƙanana, yakan ɓace idan wurin ya yi haske. Wanda ba ya jin Jamusanci ya nemi babban allo, kuma ya fara da Stroszek.