Zagayen ƙafa da jagora a Balin: ya cancanci kuɗinsa, amma ina da ƙorafi

Masu tambayata ko zagayen nan na ƙafa da ake yi da jagora a Balin, babban birnin Jamus, ya cancanci kuɗinsa, amsar ita ce e, ya cancanta, sai dai akwai abubuwan da ya kamata mutum ya sani kafin ya biya. Wanda na shiga shi ne na tarihin Yaƙin Duniya na Biyu da rabuwar birnin gida biyu. Ta intanet na yi rajista na biya yuro 20, akwai kuma irin wanda ba a yanka maka farashi sai an gama ka ba jagora abin da ya sawwaƙa. An ce mana awa huɗu ne amma gaskiya sai da muka ɗan haura.

A gaban Ƙofar Brandenburg aka haɗu, jagorarmu wata mata ce da za ta kai shekara hamsin da wani abu, haifaffiyar Balin ta Gabas, da Turanci take bayani kuma ana jin ta tar ko da kana can baya. Abin da ya fara burge ni da ita shi ne ba ta cika mu da surutu ba, faifan hotuna ne a hannunta, duk inda muka tsaya sai ta ɗaga tsohon hoton wurin ta ce mu duba hoton mu duba gabanmu. A nan ƙofar ta nuna mana yadda take daga 1961 zuwa 1989, ba kowa a gabanta sai sojoji da waya mai ƙaya, mutumin gabas ba ya zuwa na yamma ba ya zuwa, alhali yanzu wurin cike yake da masu ɗaukar hoto da masu kekuna. Ta kuma nuna mana layi biyu na duwatsu da aka jera a cikin kwalta, ashe nan ne katangar da ta raba birnin ta bi, ni kaina na taka shi ban lura ba sai da ta faɗa.

Ginin majalisa daga nesa muka hango shi, ta yi bayanin gobarar da ta tashi a ciki ranar 27 ga Fabrairun 1933, ko wata ɗaya Hitila bai cika a kan mulki ba, da yadda ya fake da ita aka soke ƴancin jama'a aka shiga kame. Wannan da sauri muka wuce shi.

Inda muka daɗe shi ne filin tunawa da Yahudawan Turai da aka kashe. Tubalan kankare ne guda 2,711 jere a wani makeken fili, an buɗe shi a 2005, babu rubutu a jikinsu babu suna. Daga bakin titi za ka ga kamar ba su da tsawo, wasu ko gwiwa ba su kai ba, amma da ka shiga ƙasa sai ta rinƙa gangarawa da kai tubalan suna ƙara tsawo har su shanye kanka, hanyar kuma ƙunci gare ta mutum biyu ba sa jerawa. Jagorar ta ce kowa ya shiga shi kaɗai mu haɗu a ɗaya ɓangaren. Wallahi na ji abin a jikina. Kana tafiya ka hango wanda kuka zo tare ya gifta, kafin ka waiga ya ɓace, ƙarar motoci ma ta ragu, kankaren sanyi ƙalau idan ka dafa shi. Mutum miliyan shida aka hallaka, har da jarirai da tsofaffi, kuma gwamnatin Hitila ce ta zauna ta tsara da takardu da jiragen ƙasa da ma'aikata masu karɓar albashi. Na ga wasu matasa suna tsalle daga wannan tubali zuwa wancan, raina ya ɓaci sosai, kuma na ji daɗi da jagorar ta je ta yi musu magana cikin natsuwa suka sauka.

Tafiyar minti kaɗan daga nan ta tsayar da mu a wani wurin ajiye motoci a bayan wasu gidajen bene na haya, ƙasa da tsakuwa da ɗan ciyayi, wata mata na wucewa da karenta. Ta ce a ƙarƙashin ƙafafunmu ne maɓoyar Hitila take, nan ya kashe kansa ranar 30 ga Afrilun 1945 lokacin da sojojin Tarayyar Sobiyet suka kusa cimma masa, birnin ya miƙa wuya ranar 2 ga Mayu. Allo ɗaya ne kawai a wurin, shi ma sai a 2006 aka kafa shi, da gangan aka bar wurin haka don kar masu ra'ayinsa su mayar da shi wurin ziyara. To a nan ne na tabbatar kuɗina bai tafi a banza ba, don da ni kaɗai ne da taswirar waya zan wuce ban san na wuce komai ba. Balin haka take, yaƙi ya rushe wasu wuraren, Jamusawa da kansu sun share wasu, in ba ka samu wanda zai ce maka tsaya nan ba za ka sha yawo ne kawai ka koma masauki.

Yanzu ga babban ƙorafina. Maɓoyar nan a lambun tsohuwar fadar shugaban gwamnati take, a titin Wilhelmstrasse, kuma a cikin wannan fadar ce Bismarck, shugaban gwamnatin Jamus na lokacin, ya tara wakilan ƙasashe 14 daga Nuwamban 1884 zuwa Fabrairun 1885 suka tsara ƙa'idojin yadda Turawa za su mamaye Afirka, har da batun zirga-zirga a kogin Kwango da kogin Neja, ba tare da ɗan Afirka ko ɗaya a teburin ba. Mun bi ta wurin jagorar ba ta ce uffan ba. Sai da na ɗaga hannu na tambaya sannan ta ce e haka ne, ta nuna mana wani ɗan allo a gefen titi da ke bayanin taron, ta ce ba ya cikin tsarin da kamfaninsu ya ba su. Ban ga laifinta ita kaɗai ba, amma abin ya tsaya min a rai. Zagaye ne na tarihin raba mutane da iyaka, kuma ga ni ɗan yankin da layin Turawa ya raba Katsina da Maraɗi, duk da cewa wannan layin Ingila da Faransa ne suka shata shi daga baya, amma ai a nan aka buɗe ƙofar wawason. Minti biyar ya isa a faɗi wannan. Na rubuta wa kamfanin haka, kuma ina ba duk ɗan Afirkan da zai shiga zagayen shawara ya yi tambayar da bakinsa, sauran ƴan rukunin ma su ji.

Daga nan sai katafaren ginin ma'aikatar jiragen yaƙi ta Göring, na hannun daman Hitila, ginin da bama-bamai ba su rushe ba, a cikinsa aka ayyana kafa Jamus ta Gabas a Oktoban 1949, a gabansa ma'aikata suka yi zanga-zanga a Yunin 1953 tankokin Sobiyet suka murƙushe boren, yau kuma ma'aikatar kuɗi ce. A bayansa akwai guntun katangar da ya rage, tsawon wajen mita 200, duk an farfasa jikinsa har rodi ya fito saboda masu sarar guntu-guntu bayan 1989. Gefensa kuma filin da hedikwatar ƴan sandan ciki na Gestapo da rundunar SS ta Hitila take ne, yanzu an yi gidan tarihi kuma kyauta ake shiga. Mun tsaya hutu a nan, shi ne kaɗai hutun da aka yi.

Bayaninta kan katangar ya yi kyau. Bayan yaƙi an raba birnin kashi huɗu tsakanin Amurka da Ingila da Faransa da Sobiyet, mutane suka rinƙa tserewa daga gabas zuwa yamma, sama da miliyan biyu da rabi tsakanin 1949 da 1961, da yawa matasa da likitoci da injiniyoyi, shi ne hukumomin gabas suka rufe iyaka cikin dare, aka wayi gari ranar Lahadi 13 ga Agustan 1961 an ja waya. Abin da ban taɓa fahimta ba sai ranar shi ne katangar zagaye Balin ta Yamma ta yi gaba ɗaya, kilomita 155, don ita Balin ɗin tana can tsakiyar Jamus ta Gabas ne. Kuma katanga biyu ce, tsakaninsu fili da yashi da fitilu da karnuka da hasumiyoyin masu gadi da aka ba izinin harbi. Aƙalla mutum 140 suka mutu a kanta. Ta ba mu labarin gidansu, yayar babarta tana yamma su suna gabas, kakarsu ta rasu ba a bar su sun haɗu a wurin jana'iza ba, tana faɗa muryarta ta canja, kowa ya yi tsit.

Shingen Checkpoint Charlie, tsohuwar mashiga tsakanin gabas da yamma, kam bai min ba. Tarihinsa babba ne, nan tankokin Amurka da na Sobiyet suka yi cirko-cirko a Oktoban 1961, amma ɗan ɗakin da ke tsakiyar titi yanzu kwaikwayo ne, kewaye da shagunan tsaraba da cinkoso, kuma mun ɓata lokaci muna jiran masu hoto. Gara wurin da ta kai mu gaba kaɗan a titin Zimmerstrasse, inda aka harbi Peter Fechter, ɗan shekara 18 mai koyon aikin gini, ranar 17 ga Agustan 1962 yana ƙoƙarin tserewa yamma. Ya faɗi a gindin katanga yana kiran a taimake shi kusan awa guda, mutane na kallo daga ɓangarorin biyu, har jini ya ƙare masa.

An ƙare a dandalin Bebelplatz inda ɗalibai suka ƙona littattafai kusan dubu 20 a Mayun 1933, akwai gilashi a ƙasa kana leƙawa ka ga kantocin littattafai babu komai a kai. Zuwa lokacin kowa ya gaji, labarin faɗuwar katangar ranar 9 ga Nuwamban 1989 da haɗewar Jamus ranar 3 ga Oktoban 1990 a gurguje aka ba da shi, kuma wannan shi ne ƙorafina na biyu, ɓangaren ƴan Nazi, wato mutanen Hitila, ya cinye lokaci, na rabuwar birni ya samu ragowa.

Shi ya sa nake cewa kar mutum ya tsaya a zagayen kaɗai. Jagorar da kanta ta ce mu je titin Bernauer, na je, kuma can ne za ka ga yadda iyakar take da gaske, katanga biyun da filin tsakiya da hasumiya, sai ka hau wani bene ka leƙo su daga sama, kyauta. A titin nan gidajen suna gabas amma bakin ƙofarsu yamma ne, mutane suka rinƙa dirowa ta taga, wata mata Ida Siekmann ta diro ta rasu a Agustan 1961, a nan kuma aka haƙa ramin da mutum 57 suka tsere ta ciki a 1964.

Ka sa takalmi mai taushi don duwatsun titin suna cin ƙafa, ka riƙe ruwa da tsabar kuɗi saboda banɗaki na kuɗi ne a yawancin wurare. Idan lokacin sanyi ne ka sa rigar sanyi mai kauri da safar hannu don tsayuwa ta fi tafiya yawa, kuma ka lissafa sallarka tun daga gida, rana gajera ce, Azahar da La'asar suna matse da juna, zagayen safe ya fi. Masu ƙananan yara ban ba ku shawara ba, tafiyar da nisa kuma labaran suna da nauyi. Ku kuma tambayi yawan mutanen rukuni kafin ku biya, namu ya ɗan yi yawa, duk lokacin da za a tsallaka titi sai an jira na baya.