Shekara uku da sauya sokawen gidana

Lokacin da muka tare a gidanmu a Kano, magini ya yi mana irin na kowa: rami ɗaya mai zurfi, a jera bulo, a rufe da silab, shi ke nan sokawe. Ya yi damina biyu lafiya. A ta uku, cikin Agusta, sai ka kora ruwa a banɗaki ka ga yana dawowa. Na kira motar zuƙa ta kwashe, bayan sati biyu ya sake cika, kuma ruwan ƙasa ne ke tsattsafowa ciki. Ashe daga can ƙasa filinmu laka ce, ba ta shan ruwa.

Wani dattijo mai aikin famfo ne ya duba ya ce, "Alhaji, ba zurfi ruwan nan ke nema ba, fili yake nema." Ya gina tanki mai ɗaki biyu, ya shafe cikinsa da siminti. A ɗakin farko mai kauri yake kwanciya, maiƙo ya taso sama, ruwan tsakiya kaɗai ke tsallakawa na biyu. Sannan ya tona dogayen ramuka uku marasa zurfi a filin da ke bayan gidanmu, ya zuba tsakuwa, ya shimfiɗa bututun roba mai huda-huda, ya binne. Ruwan sai ya riƙa bazuwa a hankali cikin ƙasar sama mai yashi.

Tun daga nan ban ƙara jin wari ba, ko a marka. Wurin kore yake shar har cikin bazara.

Amma wannan tsarin yana da nasa nauyin. Ya fi sokawe cin kuɗi nesa ba kusa ba, ya kuma cinye rabin filin da ke bayan gidanmu. Ba a ajiye mota a kai, ba a gini. Dole na sare dalbejiyar da muke shan inuwarta don kada saiwa ta toshe bututun, wannan ya yi min ciwo ƙwarai. Uwargida ta daina tuttula Hypo a masai, don yana kashe ƙwayoyin da ke narkar da ƙazantar.

Dattijon ya kuma dage sai an bar mita 30 tsakanin ramukan da rijiya. Ya auna, filinmu bai kai ba, don haka rijiyar ta koma ta wanki. Ruwan sha saye muke yi.